Daƙiƙa Goma Sha Ɗaya a Tef ɗin Shila

Ku da kuke ɗaukar bidiyo da waya ku tura wa duniya kafin shayi ya huce, kun ɗauka iyakar aikin hoto ke nan. Sau da yawa idan na ce sana'ata ceto tsohon tef, sai wani ya yi dariya ya ce, "Baba Inuwa, ai sa kaset ne kawai a danna, kwamfuta ta kwashe." Ba na musu. Wanda bai taɓa jin kukan tef a kan na'ura ba, bai san abin da ake tsoro ba.

Tef yana kuka, ba wasa nake muku ba. Idan ya daɗe a ajiye ya sha laima, danƙon da ke riƙe da hoton a jikinsa yakan jiƙe. Kana ɗora shi za ka ji ƙara siririya kamar ta ɓera a tarko. Da ka ji, ka tsayar. In ka ƙara minti ɗaya, baƙin garin da za ka gani a kan na'urar shi ne bikin auren wani ko fuskar uwar wani, ya kankare ya tafi. Kayan aikina ba su da yawa: auduga, sifirit, ƙyalle mai laushi, reza, ƙananan sukuddireba, fitilar goshi, da agogon hannu mai nuna daƙiƙa. Sauran duk kunne ne da haƙuri.

Aikin farko da aka ba ni a gidan talabijin a Kaduna, a ƙarshen shekarun saba'in, shi ne goge kan na'ura, wato ƙarfen da tef ke bi ta jikinsa ya karanta hoton. Maigidana Malam Bulus ne, mutumin Kagoro, wanda ya yi kwas a Ingila. Wata shida ban taɓa tef ba. Ya ce hannun da bai iya goge ƙarfe ba, ba zai iya riƙe leda ba. In na gama sai ya shafa farar takarda a wurin, in ya ga ɗigon baƙi in sake daga farko. Bai cika magana ba, sai dai ya ce, "Sake, Inuwa," ya ci gaba da cin gyaɗarsa.

A wurinsa na san shirye-shiryen waƙa na Turawan Ingila. Lokacin ba mu da isassun namu, ana aiko mana da nasu, wasu a gwangwanin fim, wasu a tef. Tsarinsu kusan ɗaya ne. Kowane mako a lissafo waƙoƙin da aka fi saye, daga ƙasa zuwa sama, mawaƙa su hau dandamali, samari da 'yan mata su kewaye su suna rawa. Na farko-farkon baƙi da fari ne, mawaƙan da kwat da nakatayi kamar ma'aikatan banki. Daga baya launi ya shigo, gashi ya yi tsawo, takalma suka yi tudu. In mawaƙi yana wata ƙasa, sai a sa 'yan rawar gidan su cike gurbinsa. Mu dai ba don waƙar muke kallo ba. Malam Bulus yakan tsayar da hoto ya ce, "Dubi jitar nan. Ina wayarta?" Babu. "Dubi maƙogwaronsa. Yana motsi?" Ba ya yi. Faifai ake sa musu, su kuwa baki kawai suke motsawa. Daga nan na koyi daidaita murya da leɓe, don in ka iya kama mai ƙaryar waƙa, ba sautin da zai tsere maka. Ya kuma nuna mini yadda manyan kyamarorin ke kutsawa cikin masu rawa, wani mutum a gefe yana ture yara da hannu don su ba da hanya. Ya ce ya tsaya a irin ɗakin nan da ƙafarsa, kuma bai fi falon wani attajiri girma ba, kyamara ce ke faɗaɗa shi.

Abin da ban gaya wa mutane da yawa ba shi ne, da hannuna na shafe irin waɗannan shirye-shirye. Tef yana da tsada. In an nuna shiri an gama, sai a ba ni in ɗora shi a kan wani akwatin maganaɗisu, ya yi gurnani, in ɗauke shi fes, a ɗauki labaran yamma a kai. Na tambayi Malam Bulus ko ba asara ba ce. Ya ce, "Su ma masu shi haka suke yi a can. Waƙar mako ce, wa zai neme ta baɗi?" Haka kowa ya ɗauka. Shi ya sa yau da yawa daga shirye-shiryen nan ba su ko'ina a duniya, har a gidan da ya yi su. Bayan haka aka buɗe tashoshin da ke nuna bidiyon waƙa safe da yamma, sannan waya ta zo, jiran ranar shiri ya mutu.

Sana'ar ta mutu a gida kafin ni. Da aka koma kwamfuta na zama kayan tarihi a ofis. Wani kamfani a Doha da ke juyar da tsofaffin kaset na ma'aikatu da na gidaje zuwa kwamfuta ya nemi wanda ya san tsofaffin na'urori, aka ba da sunana. Na bar iyali a Kaduna na zo. Ofishinmu yana Madinat Khalifa ta kudu, ɗakina a can ƙurya, babu taga, sanyin esi kamar firji saboda tef ba ya son zafi. Masu kawo aiki iri-iri ne. Balarabe ya kawo tseren raƙuman mahaifinsa, Ba'indiya ta kawo bikin aurenta, kowa kuma yana so jiya-jiya.

Shekarar korona ita ce mugunyar shekara. Aka sa dokar kulle, aka sallami wasu, aka ce sauran su zauna a gida. Ni aka bar ni saboda ɗakin ajiya, dole wani ya riƙa duba sanyi da laima kullum. Daga ni sai mai gadi, Alhaji Tanko, dattijo ɗan Zongon Kumasi, shi a ƙofa ni a ƙurya. Mu gaisa daga nesa da takunkumi a fuska. Masallatai a rufe, kowa ya shimfiɗa dardumarsa shi kaɗai. Akwai ranakun da in ban da sallama da karatun sallah, bakina bai furta komai ba. Na goge na'urorin da ba su yi datti ba har na haddace kowane sukurunsu.

Ana cikin haka wata safiya waya ta shigo, lambar da ban sani ba.

"Salamu alaikum, don Allah da Baba Inuwa nake magana? Mai gyaran kaset?"

Hausa ce tsantsa, irin ta kudancin Kaduna. Na ce ni ne.

"Sunana Rifkatu, ni nas ce. Wata 'yar cocinmu ta ba ni lambarka. Ina jinyar wani tsohon Bature a gida, a Gharrafa. Akwai wani abu da nake so ka duba, amma ban san ko kaset ba ne. Kamar faifai yake."

Ta ba ni labarin. Sunan tsohon Mista Lenad, injiniya ne, ya daɗe a ƙasar tun ana ginin matatun gas. Shanyewar ɓarin jiki ta kama shi, magana ta ɗauke sai kalma ɗaya-biyu. 'Yarsa guda ce, Helen, tana Ingila, an rufe hanya ba ta iya zuwa. Kwana da kwanaki yana nuna saman kabad da hannunsa mai lafiya, har Rifkatu ta sauko da wani kwali. Da ta nuna wa 'yar ta waya, sai ta ce ta san shi. Mahaifiyarta tana budurwa ta taɓa samun tikitin shiga ɗaya daga shirye-shiryen waƙar nan, wanta kuma, da yake malamin makarantar koyon sana'a ne, ya ɗauka daga talabijin da na'urar makarantar. Uwar ta rasu Helen tana 'yar shekara huɗu. Tun daga nan uban ke yawo da tef ɗin ƙasa-ƙasa, bai taɓa samun na'urar da za ta karanta shi ba.

"Likita ya ce me?" na tambaya.

"Baba, ka dai yi sauri in zai yiwu."

Na kira manaja, wani ɗan Lebanon, na nemi izinin amfani da kayan kamfani. Ya ce, "Yalla, khalas, yi abin da kake so, kada dai esi ya mutu."

Direban gidan ya ajiye kwalin a bakin ƙofa, Alhaji Tanko ya fesa masa magani kafin in hana shi. Allah ya sa ledar ciki ba ta huje ba. Tef ne na buɗaɗɗen faifai, faɗinsa rabin inci, irin wanda rabona da shi tun ina saurayi. A jikin kwalin an rubuta suna ɗaya da biro: Shila, sunan marigayiyar. Na buɗe, wari ya buge ni. Fumfuna ta yi fari a gefensa kamar an barbaɗa gari, na ja bakin tef ɗin da yatsa na ji yana manne wa ɗan'uwansa.

Irin wannan ba a ɗora shi, gasa shi ake yi. In na faɗi haka yara sukan zaro ido. Muna da wani ƙaramin akwati na busar da 'ya'yan itace, shi muke amfani da shi. Zafi kaɗan, wanda tafin hannu zai jure, kwana biyu cur, laimar ta fita danƙon ya kama jikinsa. In zafi ya yi yawa ledar ta lanƙwashe, shi ke nan. Sannan a bar shi ya huce kwana ɗaya, kada a taɓa. Rifkatu ta kira a rana ta biyu.

"Baba, yau bai ci komai ba. Ba za a iya ragewa ba?"

"Sista, in na rage kwana ɗaya, zan kawo miki leda baƙa. Ki ce masa ana aiki."

"Na faɗa masa. Ya riƙe hannuna."

Kafin tef ya huce na jawo tsohuwar na'urar da ke karanta irinsa daga ƙarƙashin tarkace a sito. Injinta ya tashi, amma faifai bai juya ba. Na buɗe ciki na tarar bel ɗin roba ya narke ya zama kwalta. A lokacin lafiya da sai in je unguwar masana'antu in nemo mai kama da shi, to an killace unguwar gaba ɗaya, ba shiga ba fita. Na fito na tsaya ina kallon keken Alhaji Tanko da ke jingine.

"Alhaji, kana da tsohon tiyub?"

"Na me, Malam? Ka sayi keke ne?"

Na yi masa bayani. Ya ce ba shi da tsoho, amma ya durƙusa ya kwance ƙafar gaba ya zaro wanda ke ciki. Na ce ya bari, da me zai koma masauki? Ya ce, "Ƙafa na nan. Mutum na jiran matarsa, kai kana maganar keke." Na yanka zobe huɗu da reza kafin na sami wanda faɗinsa ya yi daidai. Dabarar Malam Bulus ce, ta lokacin da kayan gyara ke yin wata uku a teku.

Na share fumfunar da ƙyalle, taku-taku, ina juya faifan da hannu, wuni guda. A nan na ga baƙin jikin tef ɗin yana ɗan zuba a gefe. Ma'ana ba zai jure wucewa biyu ba. Sau ɗaya zai bi ta kan na'ura, abin da aka samu an samu. Da gari ya waye na haɗa wayoyi zuwa kwamfutar da za ta kwashe hoton, na gwada da wani tef na banza har sau uku, na yi alwala na yi azahar, sannan na yi bisimilla na murɗa.

Da farko yayyafi ne kawai a allo. Sai layuka suka fara gudu. Na kama maɓallin daidaita layi ina juyawa a hankali, sai ga fuska ta fito daga cikin hazo: wani mai gabatarwa da gashi har kafaɗa yana dariya. Da na saki maɓallin sai hoto ya karye, saboda na'urar da ta ɗauka ba ita ce wannan ba, tafiyarsu ta bambanta. Haka na riƙe shi da yatsa biyu, ina bi ina gyarawa, minti ashirin da uku. Baƙi da fari ne. Mawaƙa huɗu, jita babu waya, 'yan mata sun fi talatin, gashinsu iri ɗaya, rigunansu gajeru iri ɗaya. Ban san wacce ce Shila ba. Da tef ya ƙare na duba kan na'urar, ya yi baƙi ƙirin. Yatsuna sun ƙi miƙewa sai da na sa su a ruwan ɗumi.

Washegari da la'asar na zuba shirin a filashi na kai da kaina. Ba a shiga gidan mara lafiya a lokacin. Rifkatu ta karɓi filashin a ƙofa ta goge shi da sifirit. Na ce ina so in ga ko talabijin ɗinsu zai nuna daidai, don tsohon hoto yakan miƙe ya yi faɗi a sabon allo. Ta ce in zagaya ta lambu, tagar falo na nan.

Na tsaya a cikin rana, gilashi tsakanina da su. Talabijin yana fuskantata, tsohon yana kan keken marasa lafiya ya ba ni baya, ƙeyarsa kawai nake gani da farin gashi kaɗan. Ba na jin komai sai ƙugin esi a gefena. Da hoto ya fara na duba agogona, sabo ne, ba na kallon aiki ban ƙirga ba. Waƙa ta farko ta wuce bai motsa ba. Na fara tunanin ko idonsa ba ya gani. Rifkatu ta tashi ta shiga ciki ɗauko masa ruwa. A minti na tara da daƙiƙa arba'in kyamara ta juya ta bar mawaƙa, ta nuna gefen dandamali. Akwai wata yarinya a bayan wani ginshiƙi, an ture ta don kyamara ta wuce, ba rawa take ba, ta rufe baki da hannu tana dariya. Sai hannun tsohon ya tashi. Ya miƙa shi sosai, yatsa a kanta, har kyamara ta ɗauke. Daƙiƙa goma sha ɗaya. Kafin Rifkatu ta dawo hannun ya koma cinya. Na rubuta lokacin a bayan takardar izinin fita da aka ba ni saboda dokar kulle, na ɗaga mata hannu alamar hoto ya yi, na tafi.

Bayan kwana tara ta kira ta ce ya rasu. Ta ce kullum sai ta sa masa, amma ba ta taɓa ganin ya nuna kowa ba, kallo kawai. An binne shi a nan, 'yarsa ta kalla ta waya. Ba da daɗewa ba aka mayar da Rifkatu wani asibiti, muka daina jin juna.

Da gasar cin kofin duniya ta matso, garin ya cika har ba ka gane shi. Kamfaninmu ya sami aikin haɗa wayoyi a otal-otal na West Bay, aka ɗebo samari daga ko'ina, kowa da kwamfuta a jaka. Yaran kirki ne, sun san aikinsu, amma ba mai buƙatar nawa. Aka ba ni liƙa lamba a jikin wayoyi. Manaja ya kira ni ya ce shekaruna sun kai inda sabunta biza zai yi wuya, kuma za a rufe ɗakin tef a ƙarshen shekara. Na ce na gode.

Ana tsakiyar gasar, wata rana da hantsi, Alhaji Tanko ya leƙo ya ce wata Baturiya na nemana. Doguwa ce, ta kai shekara arba'in da biyar, da jakar takardu a hannu. Ta ce ita ce Helen. Sai yanzu ta samu ta zo ta ga kabarin ta kwashe sauran kayansa. Ta ce ta aika kwafin shirin ga masu adana tsofaffin shirye-shirye a can Ingila, sun ce nasu an shafe shi tuntuni, ba su san akwai saura ba. Ta yi godiya. Sannan ta shiga murza hannun jakar.

"Na kalla ya fi sau ɗari," ta ce da Turanci. "Hotunanta uku kawai nake da su, duk bayan ta haife ni. Kawuna ya rasu. Ina jin ita ce mai rawa a gaba, mai farar riga, amma ban tabbata ba. Nas ɗin ta ce ba ta sani ba. Ko ya taɓa nuna maka?"

Na ce ban taɓa haɗuwa da shi ba, ƙeyarsa kawai na sani. Na buɗe durowa na ɗauko takardar izinin nan, ta yi laushi don ninki. Na kunna kwamfuta na kai minti na tara da daƙiƙa arba'in na tsayar.

"Ba mai farar riga ba ce, Madam. Ga ta nan bayan ginshiƙi."

Ta matso har numfashinta na taɓa allo. Na gaya mata inda na tsaya ran nan, da yadda hannun ya tashi, da tsawon lokacin da ya yi a sama. Na saki hoton, yarinyar ta rufe baki tana dariya, kyamara ta wuce. Ta ce in mayar. Na mayar. A karo na uku sai na ga ita ma ta kai hannu ta rufe bakinta, daidai yadda ta cikin allon ta yi, ba ta ma san ta yi ba.

Na nuna mata maɓallin da ake mayarwa da shi, na tashi na ba ta kujerata. Na fita na ja ƙofar. A waje motoci na ta oda, wasu samari sun leƙo ta taga da tutoci za su filin wasa. Alhaji Tanko ya matsa mini a bencinsa ya zuba mini shayi a murfin fulas.

"Ta gane ta?" ya ce.

"Ta gane ta."

Muka zauna. Aka kira azahar, muka je muka dawo, ba ta fito ba. Direban motar da za ta kai ni West Bay ya yi oda sau biyu, na ce ya tafi, yau ina da aiki a ɗakina.